Farantin da Ya Sha Haske

Tambayoyin jarrabawar ma'aikatan jinya sun riga jarrabawar shiga gari. Wata malama ce ta fara ganin su a wayar ɗalibarta, ana dab da zama. Ta kai wa hukumar jarrabawa. Hukuma ta kwance ƙunshi ɗaya cikin waɗanda maɗaba'a ta kawo mata a liƙe, aka ajiye takarda kusa da waya. Tambaya ta farko iri ɗaya, ta biyu iri ɗaya, har ƙasa. Hatimin kowane ƙunshi kuwa yana nan daram. Ke nan ba takarda aka sata ba. Tun kafin tambayoyin su hau takarda aka ɗauke su.

Aka soke jarrabawar, aka miƙa wa wani Sufeton 'yan sanda aikin.

Kurma abokan aikinsa suke ce masa, a bayan ido da gaban ido. In ana magana sai ya sunkuyar da kai ya yi tsit, har mai maganar ya fara tunanin ko ba a jin sa, ya ƙara bayani, ya sake ƙarawa, ya wayi gari ya faɗi abin da bai zo da niyyar faɗa ba. Bai san kwamfuta ba, bai kuma taɓa nuna ya sani ba. Ya tura Kofur ya bi sawun saƙon daga waya zuwa waya, wa ya tura wa wa, shi kuma ya nufi maɗaba'ar.

Ƙasan ginin duk ƙarar inji ce da warin tawada. Tarin takardu ya kai ƙirjin mutum, da 'yar hanya a tsakani. Ofishin Manaja yana sama, da faffadar tagar gilashi wadda yake hango kowa ta cikinta. Mutum ne mai ƙiba, da tabarau mai kaurin gindin kwalba. Da Sufeto ya miƙa masa katin aikinsa, sai da ya kawo shi dab da hanci kafin ya karanta. A kan teburinsa akwai ambulan da aka juya aka sake amfani da su, da hoton wata budurwa cikin farar riga.

Manaja ya yi bayani tiryan-tiryan, kamar wanda ya saba yin sa. Tambayoyin hukuma ba sa kwana a kwamfutar kowa. Suna cikin wata babbar kwamfuta da suke kira saba, a ɗaki kulle. Ba a shiga sabar sai da makulli, ba na ƙarfe ba, wani ɗan fayil ne da masu aikin ke ce wa makullin SSH, yana cikin kwamfutar hannu ta Injiniya, matar da ke kula da kwamfutocin maɗaba'ar. Shi kansa makullin a ɗaure yake da doguwar jimlar sirri, ko an sace shi ba ya aiki sai da ita. Jimlar kuwa babu ita a ko'ina sai a kan Injiniya. Shi Manaja ne ya kafa wannan doka, da ita ma ya shawo kan hukuma ta ba su aikin. An duba sabar: babu makullin da ya taɓa shiga sai nata, daga kwamfutarta, a cikin ginin nan, a lokutan aiki.

Yana cikin magana ya miƙe zumbur, ya buɗe taga, ya daka wa wani ma'aikaci tsawa a kan takarda ɗaya da ya jefa a kwando, ya ce ai bayanta fari ne, gidan ubansa ake yin takarda? Ya dawo ya zauna, ya cire tabarau yana gogewa.

"Kamar 'yata na ɗauke ta, Sufeto. Amma gaskiya ɗaya ce. Ita kaɗai ta san jimlar."

Sufeto ya gyaɗa kai. Ya miƙe ya nufi caji ofis.

Injiniya tana tsare a caji ofis tun safe. A kan bencin waje mijinta yana zaune da fulas da mayafi a ninke a cinya, yana miƙewa duk wanda ya gifta da kaki. A ciki, matar ta zauna ƙyam, hannuwa a kan tebur. Ba ta yi kuka ba. Ta ce kwamfutar ba ta rabuwa da ita, daga jaka sai tebur, a gida kuma cikin durowa mai makulli, don yaranta ba sa barin abu mai maɓalli ya huta. Ta ce jimlar ba ta rubuta ta ba, ba ta tura wa kowa ba, ko uban 'ya'yanta bai san ta ba.

"Kin san abin da maganar nan take jawo miki?" in ji Sufeto.

"Na sani, Yallaɓai."

"In wani ya sani, akwai wanda zan nema. In ke kaɗai ce, sai kotu."

"Ni kaɗai ce. Kuma ban ɗauka ba."

Ya jira. Mutane da yawa a nan suke tuno wani ƙane ko wata ƙawa da ta taɓa leƙa musu kafaɗa. Ita ba ta tuno kowa ba. Yana fitowa mijin ya tare shi, ya ce matarsa ko canjin cefane ba ta riƙewa, amma taurin kai ne da ita irin na gado, in ta ce fari ko za a yanka ta ba za ta ce toka-toka ba. Sufeto ya karɓi fulas ɗin ya ce za a kai mata.

Na biyu da ake zargi shi ne mataimakinta, wani dogo da ma'aikata ke kira Gajere. Kowa ya san yana hangen kujerarta. Bai musa ba. Ya ce son girma ba sata ba ne. Ya ce shi ba shi da makullin ɓangaren hukuma, kuma da zai yi sata ba zai yi ta da rana tsaka a teburin shugabarsa ba, kamar ɓarawon da ya shiga ta ƙofa ya yi sallama. Sufeto ya bar shi ya yi ta zuba har ya gaji.

Wata jami'ar hukumar ce ta wanke Gajere ba tare da ta sani ba. Ta kira Sufeto ta ce sun sake gwada takardun a tsanake, sun ga bambanci ɗaya. A cikin wata tambaya ta awon magani, ta waya tana ɗauke da kuskuren lamba wanda tuni suka gyara. Gyaran kuwa sun aika da shi maɗaba'a a makon farko da kai tambayoyin. Ɓarawon ya ɗauki tsohuwar. Wato a cikin wannan mako aka yi satar, kuma a wannan mako Gajere yana wani gari yana jinyar mahaifinsa, asibitin ma ya shaida.

Sai aka koma kan Injiniya. Shugaban Sufeto ya ce a shirya takardun kotu, ai abin a fili yake.

Da yamma, a hanyar gida, tayar motarsa ta yi faci, wayarsa kuma ta mutu. Ya tura motar gindin wata bishiya inda mai faci yake. Ya ari wayar mai facin don ya gaya wa matarsa ta ɗauko autarsu daga makaranta. Ya riƙe wayar. Ya danna lambobin farko, waɗanda kusan kowa ke da su. Daga nan yatsansa ya tsaya.

Mai faci ya ɗago daga kan taya ya dube shi.

"Yallaɓai, matar taka ce dai, ko ta wani?"

Kullum yana kiranta, safe da rana. Da za a tambaye shi jiya ko ya san lambar, da rantsuwa zai yi. Ashe tun ranar da ya sa ta a waya bai sake buga ta da hannu ba. A gida matar ta sha dariya, ta ce to ai shi ke nan, ranar da wayar ta ɓata ita ma ta ɓata, sai ya je ya kai cigiya ofishinsu. Yaran suka taya ta. Shi dai ya ci abincinsa. Tunaninsa yana kan wata mata da ta rantse ta san wani abu.

Washegari ya sa aka kawo Injiniya maɗaba'a tare da kwamfutarta. Ya zaunar da ita a teburinta, ya ja kujera gefe, ya ce ta nuna masa yadda take shiga sabar, kamar dai ranar aiki, kada ta yi masa bayani, ta yi kawai.

Ta ɗaga murfin. Ta buga 'yar gajeriyar kalmar buɗe kwamfuta. A gefen allo akwai wata folda da ta ajiye don sauƙi. Ta danna ta. Nan take kayan sabar suka bayyana, jere.

"Shi ke nan," ta ce.

"Ban ga kin buga doguwar ba."

Ta dubi allon. Ta dubi hannuwanta.

"Yaushe rabonki da buga ta?"

Ta ɗora yatsu a kan maɓallai, kamar yatsun za su tuna abin da kai ya saki. Ta motsa leɓe. Ta kama farkon jimlar, sauran ya ƙi zuwa. Sufeto ya sunkuyar da kai ya ba ta lokaci. Ƙasa inji yana ta bugawa.

Da ta yi magana, muryarta ta sauka. Ta ce ranar da ta ƙirƙiri makullin, shekarun baya, kwamfutar ta tambaye ta ko ta adana jimlar a ma'ajiyar kalmomin sirri, wani aljihu ne da kowace kwamfuta ke da shi don irin wannan. Tana shiga sabar sau ba adadi a yini, jimlar kuma doguwa ce. Ta ce eh. Tun daga ranar, da zarar ta buɗe kwamfuta da gajeriyar kalma, ma'ajiyar tana buɗewa da kanta, ta miƙa wa makullin jimlarsa ba tare da an tambayi kowa ba. Ba laifin ma'ajiyar ba ne, aikinta ke nan, kuma in kwamfuta a kulle take babu mai taɓa abin da ke ciki. Amma wanda ya same ta a buɗe ya sami komai a buɗe.

Ba ƙarya ta yi wa Sufeto ba. Mantawa ta yi, ta kuma manta cewa ta manta.

"Na karya dokar Manaja," ta ce. "Zai kore ni."

"Kora daban, kurkuku daban. Ina kike barin ta a buɗe?"

Ta ce ba ta bari. Ko ruwa za ta sha sai ta kulle. Ya yi shiru. Ta sake cewa ba ta bari. Ya ci gaba da shiru. Can sai ta ce, sai dai ɗakin faranti.

Ɗakin faranti yana can ƙuryar ƙasa. A nan ake zana rubutu a jikin faranti na ƙarfe mara kauri, wanda ake ɗaura wa inji ya buga a takarda. Na'urar zanen tsohuwa ce, kwamfutarta ta mutu tuni, Manaja ya ce sabuwa tsada, ai ta Injiniya tana iya aikin. Don haka duk ranar zana faranti sai ta kai tata ta jona. Aikin yana jan lokaci, in kwamfutar ta kulle kanta a tsakiya sai ya yanke, don haka take hana ta kullewa, ta rage hasken allon har ƙasa, ta ɗora ta a kan kantar ajiye kaya, ta fita. Baba Mai Inji ya kulle ƙofa. A makon da ake magana an zana farantan wani littafin makaranta.

Baba Mai Inji tsoho ne siriri, tawada ta zauna a farcensa har abada. Shi ma da tabarau, an ɗaure ƙafarsa ɗaya da zare. Ya buɗe musu ɗakin yana ƙunƙuni. Bayan ƙofar akwai baƙin labule mai kauri, ciki kuma ƙwan lantarki ɗaya ne, rawaya. Ya ce ɗanyen faranti ba ya jure farin haske, ko kaɗan ya taɓa shi ya lalace, shi ya sa labule, shi ya sa ƙwan rawaya. Makulli ɗaya yana aljihunsa. Na biyu yana sama, a jikin allon makullai na ofis. Ranar littafin ya kulle ya tafi cin abinci kamar kullum, ma'aikata duka suna waje.

Sufeto ya tambaye shi ko ya ga wani abu da ba daidai ba da ya dawo. Baba ya ce babu. Sufeto ya sunkuyar da kai. Tsohon ya gyara tsayuwa, ya yi tsaki, ya ce in dai ba maganar farantin nan ba, wadda shi har yau ba ta bar shi barci ba.

Ya zura hannu bayan kabad ya zaro shi. Faranti ne shuɗi-shuɗi, gefe ɗaya ya dushe kamar an shafa masa hazo. Ya ce shi ne na sama a cikin waɗanda ya jera suna jiran layi. Tun yana saurayi yake wannan aiki bai taɓa bari faranti ya sha haske ba, sai ga shi da furfura. Ya kasa jefar da shi. Ba ƙofa ba ce, labule yana nan, kuma dushewar ba ta ɓangaren ƙofa take ba.

Sufeto ya sa ya mayar da farantin inda yake a ranar. Gefen da ya dushe ya fuskanci kantar. Ya ce wa Injiniya ta ɗora kwamfutar a mazauninta, ta rage haske yadda ta saba. Allon ya koma duhu-duhu, da ƙyar ake ganin rubutu. Sannan ya ce ta ƙara hasken har ƙarshe.

Farin haske ya zubo daga kan kantar ya kwanta a kan farantin, daidai gefen.

"Kashe!" Baba ya yi tsalle ya kare farantin da jikinsa. "Kashe, 'yar nan, so kike ki..." Sai ya tuna farantin ya riga ya mutu. Ya koma gefe yana gyara tabarau, yana jin kunya.

A ran Sufeto, nan Baba ya fita daga zargi. Mutumin da jikinsa ke tsalle don mataccen faranti ba zai kunna farin haske a kan mai rai ba, ko da kuwa satar yake yi.

Injiniya ta ce yanzu ta tuna. Ranar da ta zo ɗauka ta tarar da allon da haske, ta ɗauka ita ce ta manta ba ta rage ba, ta tsorata, ta yi shiru da bakinta.

Sufeto ya juya ga Baba ya tambaye shi yadda suka ƙare da Manaja a kan farantin.

Tsohon ya ce ai abin mamakin ke nan. Ya hau sama da faranti a hannu, ya riga ya shirya kunnuwansa, don mutumin nan a kan ƙusa ɗaya yana iya tara ma'aikata ya yi musu huɗuba. Manaja ya dubi farantin, ya kawar da kai, ya ce ba komai Baba, ɗauko wani. Ko tari bai yi ba. Ranar, a ƙasan ginin ba a yi hirar komai ba sai wannan. Wasu suka ce ba shi da lafiya, wani ya ce ƙila an yi masa albishir da mutuwa ne yake gyara hali.

Sufeto ya karɓi farantin ya naɗe a takarda. Baba ya bi shi da ido kamar an ɗauki gawar ɗan'uwa.

Kafin azahar Kofur ya dawo, ƙafafu duk ƙura. Ya bi saƙon daga ɗaliba zuwa ɗaliba, kowa na cewa wance ce ta turo mini, har ya tsaya a kan wata yarinya da ta yi ta kuka kafin ta ce ƙawarta ce ta ba ta, ta kuma roƙe ta kada ta nuna wa kowa. Ƙawar tana zaune a gidan gwaggonta kusa da makarantar jinya. Kofur ya nuna hotonta a waya. Sufeto ya taɓa ganin fuskar, cikin farar riga, kusa da tarin tsofaffin ambulan.

Ya hau sama ya ce wa Manaja yana neman taimakonsa a ƙasa, akwai abin da yake so ya duba masa a kwamfutar Injiniya kafin a rufe bincike. Manaja ya sauko da sauri. Suka shiga ɗakin faranti, labule ya koma bayansu. Baba da Injiniya da Kofur suna tsaye jikin bango. Kwamfutar tana kan kantar, allonta a dushe.

"Karanta mini sunan foldar can ta gefe, ranka ya daɗe. Idona ba ya gani."

Manaja ya sunkuya, ya kai fuska kusa. Bai ga komai ba. Hannunsa ya tafi kai tsaye saman maɓallai, can layin ƙarshe, ya danna, ya danna. Ɗakin ya yi fari.

Baba ya ja numfashi ta haƙora. Yatsan Manaja yana nan a kan maɓallin. A hankali ya janye shi.

"Ba irin kwamfutarka ba ce," in ji Sufeto. "Amma ba ka nemi maɓallin ba."

"Kowa ya san..."

"Baba bai sani ba. Ni ma ban sani ba."

Manaja ya miƙe tsaye ya ce wannan wane irin wasa ne, ƙara haske laifi ne? Sufeto ya kwance farantin ya ajiye a gabansa. Sannan ya yi magana mafi tsawo da Kofur ya taɓa ji daga bakinsa.

Ya ce kowa ya tsaya a kan jimlar sirri, don an ce sai da ita ake shiga. Amma jimlar ta daɗe da barin kan Injiniya ta koma cikin kwamfuta, sai dai ita ba ta lura ba. Wanda ya lura shi ne mai yawan tsayawa a bayanta yana azalzalarta ta fito masa da aiki, yana ganin folda na buɗewa da danni ɗaya. Ya ga an karya dokarsa, mutumin da ba ya yafe takarda ɗaya, bai ce uffan ba. Ɓarawon ba masanin kwamfuta ba ne, don masani zai kwashe makulli da jimla ya tafi gida ya yi aikinsa a natse. Wannan sai da ya jira kwamfutar a buɗe, wuri ɗaya kuma ake barin ta a buɗe, ɗakin da makullinsa na biyu ke rataye a ofishin sama. Ba ma'aikacin faranti ba ne, don hannun ma'aikacin faranti ba zai yarda ya kunna farin haske a nan ba. Mai raunin ido ne, wanda allo mai duhu bai ishe shi ba. Da Baba ya hau da farantin, shi kaɗai a ginin ya san abin da ya ƙona shi, shi ya sa a ranar kaɗai bakinsa ya mutu.

"Ƙawar 'yarka tana ofishinmu," ya ƙarasa. "Ban aika a ɗauko 'yar taka ba tukuna. Na ce ko za ka fi so ta ji daga bakinka."

Manaja ya nemi abin zama, babu, ya jingina da na'ura. Ya cire tabarau. Ba tabarau, fuskarsa ta koma ta wani tsoho da ba a sani ba.

Ya ce sau biyu 'yarsa tana faɗuwa jarrabawar nan. Uwarta ta rasu tana burin ganin ta da farar rigar nan. Da ya tura mata tambayoyin a waya, ya ce mata ta karanta ta goge, kada ko bango ya gani. Ita kuma ta tausaya wa ƙawarta.

"Ita fa?" Sufeto ya nuna Injiniya da haɓa.

"Na ɗauka za a rasa hujja a sake ta."

"Kai ne ka ba da hujjar."

Manaja bai dubi ɓangarenta ba. Kofur ya ɗaga labule, suka fita. Baba ya bi su har ƙofa yana tambaya ko za a rubuta a takardar kotu cewa ba shi ya ƙona farantin ba. Kofur ya ce za a rubuta, Baba, da manyan baƙi.

Aka janye tuhumar Injiniya a ranar. Hukumar ta ce kafin komai a lalata tsohon makullin a gaban jami'i, don haka Sufeto ya koma teburinta tare da ita. Ta taga ana hango mijin a bakin ƙofar maɗaba'a, da fulas ɗinsa, yana gardama da mai gadi a kan a bar shi ya shigo.

Ta cire makullin daga sabar. Ta goge foldar gefen allo. Saura abin da ke cikin ma'ajiya. Ta buɗe ta, ta kai kan layin, ta tsaya.

"Yallaɓai, zan iya dubawa kafin in goge?"

"Taki ce."

Ya juya kujerarsa ya fuskanci bango. Akwai tsohuwar kalanda a jiki, ya zuba mata ido. Ya ji ta buga gajeriyar kalma. Ya ji shiru. Sannan wani ɗan sauti, bai san ko dariya ba ne ko wani abu.

"Kin tuna?" ya tambaya, bai waiwayo ba.

"Ita ta tuna mini." Ta ja hanci. "Maganar mahaifiyata ce. Abin da take gaya mini kullum in zan fita daga gida. Na zaɓe ta ne don na tabbata duk duniya ita ce ba zan taɓa mantawa ba."

Bai tambaye ta mece ce maganar ba. Ya ji tana maimaita ta ƙasa-ƙasa, sau ɗaya, sau biyu, kamar mai haddar karatu. Ya bar idonsa a kan kalandar har sai da ya ji ƙarar maɓalli ɗaya, ta ce masa ya juyo, ta gama.